Hiroshi Fujioka: jarumin da karayar ƙafarsa ta sauya Kamen Rider

A nan Gyallesu, in ka je wajen masu tura fim a waya, duk fim ɗin faɗa na mutanen Asiya sunansa ɗaya ne, wai fim ɗin Chana. Alhali Japan na da nata salon daban, mai suna tokusatsu, wato na jarumai masu rufe fuska da sulke suna dambe da dodanni. Ko Power Rangers da muka taso muna kallo, faɗan cikinsa daga shirin Japan na 1992 mai suna Zyuranger aka yanko shi.

Ɗaya daga cikin manyan wannan harka shi ne Hiroshi Fujioka, haifaffen Ehime a 1946. Ranar 3 ga Afrilun 1971 aka fara nuna Kamen Rider na kamfanin Toei, inda ya fito a Takeshi Hongo, matashin da ƙungiyar mugaye ta Shocker ta sace ta mayar da shi rabi mutum rabi inji. Ya kuɓuce musu, ya dawo yana yaƙarsu a kan babur.

Abin burgewar, da farko shi da kansa yake shiga sulken, ya yi tsalle, ya tuƙa babur. Ana cikin ɗaukar shirin ya yi hatsari, ƙashin cinyarsa ya farfashe. Ga akta a gadon asibiti, ga shiri dole ya fita duk mako. Sai suka dinga lallaɓawa da tsofaffin hotunansa, wani yana ɗora masa murya. A kashi na 14 suka ce Hongo ya tafi ƙasar waje, suka kawo Takeshi Sasaki a matsayin Rider na biyu.

To shi Sasaki ba shi da lasisin babur, ba zai iya rikiɗa yana gudu a kan mashin kamar Hongo ba. Shi ne aka ƙirƙiro masa tsayawa ya juya hannu ya ce "Henshin", wato rikiɗa. Yara suka ɗauka ko'ina, shirin ya ƙara kasuwa. A ganina da sun kashe Hongo kawai, da wuya a ce yau akwai jerin Riders ɗin nan.

Fujioka ya warke, ya karɓi shirin gaba ɗaya daga kashi na 53 har aka kammala a na 98 a 1973. Faɗan cikin sulke kuwa ya zama aikin ƙwararrun 'yan sitant. Masu son yin fim ɗin faɗa a Kannywood, ku duba wannan wurin da kyau kafin ku ɗora jarumi a kan mashin.

Daga baya ya yi Japan Sinks a 1973, ya yi Ghost Warrior a Amurka, ya zama Segata Sanshiro a tallar Sega Saturn. A 2016, yana da shekara 70, ya sake fitowa a Hongo. A 2021 kuma ɗansa Maito ne ya fito a Hongo yana saurayi.