Komawa Cikin Wasa Bayan Yankewar Sabis a Parakou da Djougou

Wasan gem na haɗaka, wato wanda mutane da yawa ke bugawa a lokaci guda ta intanet, kowa daga inda yake, ya dogara ne kacokan a kan sadarwar da ke tsakanin wayar ɗan wasa da wata babbar kwamfuta da ke can nesa, kuma da zarar sadarwar nan ta yanke, ko da na 'yan daƙiƙoƙi ne, sai maganar ta koma ga ko wanda ya ɓace zai iya dawowa cikin karawar da ya bari, ko kuwa ta wuce shi ke nan. A arewacin Jamhuriyar Benin, musamman a Parakou, babban birnin jihar Borgou, da Djougou, babban birnin jihar Donga, inda Hausawa suka daɗe zaune a unguwannin zango tare da Dendawa da sauran ƙabilu, wannan lamari ne da matasa masu buga Free Fire da PUBG Mobile da eFootball ke karo da shi a kai a kai, domin akasarinsu da datar waya suke wasa, a wurin da ɗaukewar wuta da raunin rezo, wato sabis ɗin waya, ba baƙin abubuwa ba ne.

Abu na farko da ya kamata a gane shi ne cewa a yawancin waɗannan wasanni karawar ba a cikin wayar ɗan wasa take gudana ba. Tana gudana ne a babbar kwamfutar kamfanin, wadda ake kira uwar garke, ita ce ke riƙe da gaskiyar al'amari: inda kowane ɗan wasa yake tsaye, yawan harsashin da ya rage masa, ƙarfin jikinsa, da lokacin da ya rage. Babban aikin wayar shi ne ta aika da abin da yatsun mai ita suka danna, sannan ta karɓi bayanin halin da ake ciki ta zana shi a fuskarta, kuma wannan kai-da-kawo yana faruwa sau da yawa a cikin daƙiƙa guda. A karawar gasa ta Counter-Strike: Global Offensive, alal misali, uwar garken kamfanin Valve ta kasance tana sabunta lissafinta sau 64 a kowace daƙiƙa. Saboda haka idan wayar wani saurayi a Djougou ta rasa sabis, mutum-mutumin da ke wakiltarsa a fagen wasa bai mutu ba, bai kuma ɓace ba, yana nan tsaye inda aka bar shi, sai dai babu mai juya shi. A kan wannan ne duk maganar komawa ta ginu.

Uwar garke ba ta da idon da za ta ga cewa an ɗauke wuta a wata unguwa a Parakou. Abin da take lura da shi kawai shi ne shiru. Waya da uwar garke suna musayar wasu ƙananan saƙonni na tabbatar da cewa kowa na nan, kuma idan saƙonnin suka daina zuwa har tsawon wani lokaci da masu tsara wasan suka ƙayyade, sai ta ɗauka cewa ɗan wasan ya yanke, ta buɗe masa wa'adin jira. A cikin wa'adin nan gurbinsa na ajiye, ba a ba wa kowa. Idan ya dawo, wayarsa za ta gabatar da wata shaida ta sirri da aka ba ta tun lokacin da ya shiga da asusunsa, kuma da wannan shaidar ake gane shi, ba da adireshinsa na intanet ba, wanda kan canza da zarar an sauya daga Wi-Fi zuwa data ko daga wani layi zuwa wani. Bayan an tabbatar shi ne, sai uwar garke ta aiko masa da cikakken hoton halin da karawar take ciki a wannan daƙiƙar, ya ci gaba daga nan, ba daga inda ya tsaya ba. Parakou da Djougou sun san irin wannan tsari tun ƙarni na 19, lokacin da suke zangon fataken goro tsakanin ƙasar Hausa da Gwanja: madugu ya san adadin mutanen ayarinsa, yakan ɗan jinkirta wa wanda ya yi baya, amma ayari ba ya kwana a daji saboda mutum ɗaya, kuma wanda ya cim musu daga baya a inda suka kai zai same su.

Akwai wasannin da ba a gina su a kan wannan tsari ba. A wasu, musamman na mutum biyu irin na ƙwallon ƙafa da na dambe, da kuma tsofaffin wasannin dabarun yaƙi, kowace na'ura ce ke lissafa wasan da kanta, abin da suke musaya kawai shi ne dannawar 'yan wasa, kuma dole su tafi kafaɗa da kafaɗa. Idan ɗaya ta faɗi, babu wata ta uku da ke riƙe da cikakken labari, kuma mayar da ita zai buƙaci ta sake lissafa duk abin da ya faru tun daga farko. Shi ya sa mai buga ƙwallo da ya yanke galibi ba ya samun ƙofar komawa, sai dai ya tarar an rubuta masa rashin nasara, ko da kuwa shi ke kan gaba. Wasanni na bi-da-bi kamar ludo da dara na intanet su ne suka fi sauƙi, domin bayanin da ake buƙata bai wuce inda kowane ɗa yake a kan allo ba.

Ko a cikin wasannin da ke da uwar garke, kowane kamfani da irin hukuncinsa. A PUBG Mobile, wanda ya fito a 2018 kuma yake haɗa mutum 100 a tsibiri guda, wanda ya sake buɗe manhajar yakan sami tayin komawa matuƙar mutum-mutuminsa na da rai, amma da yake filin da ake iya zama lafiya yana ta tsukewa, wanda aka bari a tsaye na minti biyu ko uku zai iya tarar abokan gaba ko shi kansa filin sun gama da shi. Free Fire na kamfanin Garena da ke Singafo, wanda ya fito a 2017, yana haɗa mutum 50 ne a karawar da ba ta cika wuce minti 10 ba, don haka minti ɗaya a cikinsa babbar asara ce. A Mobile Legends kwamfuta ce ke karɓar ragamar gwarzon wanda ya ɓace, ta riƙa juya shi gwargwadon iyawarta, sannan a rage wa mai shi makin amana. A Dota 2 abokan wasa na iya dakatar da karawar na ɗan lokaci, suna kuma iya juya gwarzonsa da kansu, amma idan rashinsa ya kai minti 5 sai a rubuta cewa ya gudu, kuma wanda ya maimaita haka akan jefa shi layin masu laifi, inda zai riƙa haɗuwa da ire-irensa. Counter-Strike kuwa yana da matakan dakatarwa da ke hawa daga minti 30 zuwa awa 2, zuwa awa 24, zuwa mako guda. Abin lura shi ne cewa damar komawa ba abu ba ne da ke zuwa kai tsaye: Apex Legends ya fito a Fabrairun 2019, amma sai a Mayun 2020 aka sanya masa ita.

Dalilin hukuncin a fili yake. A wasan mutum biyar da biyar, idan ɗaya ya fice don ya ga ana cin su, ya ɓata wa mutum tara lokacinsu, kuma da babu horo da masu fushin banza sun kashe wasan gaba ɗaya. Matsalar ita ce uwar garke ba ta iya bambance wanda ya kashe datarsa da gangan da wanda sabis ya yanke masa, domin dukansu shiru guda suke bari, kuma da kamfanoni za su yafe wa duk wanda ya yanke, da mai son gudu ya riƙa danna alamar jirgin sama kawai ya tsira. Sakamakon haka, dokar da aka kafa domin marasa haƙuri ta fi faɗawa kan waɗanda ke zaune nesa da ingantacciyar sadarwa. Doka ce mai hujja, amma nauyinta bai rabu daidai tsakanin ɗan wasan Paris da na Parakou ba.

Nisan kansa abin dubawa ne. Saƙon da ya tashi daga waya a Djougou zai fara zuwa turken sadarwa na MTN ko Moov Africa ko Celtiis, kamfanin da gwamnati ta ƙaddamar a 2022, daga nan ya bi waya mai ɗaukar haske zuwa Kwatano, tafiyar fiye da kilomita 400, sannan ya shiga wayoyin ƙarƙashin teku, domin uwayen garken manyan wasanni akasari suna Turai ne ko Gabas ta Tsakiya ko Afirka ta Kudu. Haske na tafiyar kimanin kilomita 200,000 a daƙiƙa a cikin irin wannan waya, ma'ana kowane kilomita 1,000 na ƙara kusan milisakan 10 a zuwa da dawowa, milisakan kuwa shi ne kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa. Wannan jinkiri shi ne lambar nan da 'yan wasa ke kira ping, kuma wanda tasa ta riga ta yi sama tun ana zaune lafiya, ɗan cunkoso kaɗan da yamma ya isa ya sa saƙonninsa su yi ta ɓacewa har a ɗauka ya yanke.

Wani lokaci kuma matsalar ta fi ƙarfin unguwa. Benin ta daɗe tana dogaro da wayar teku guda, SAT-3, wadda ta fara aiki a 2002, kuma lalacewarta a Yulin 2009 ta durƙusar da intanet a Benin da Togo da Nijar da wani ɓangare na Nijeriya. An haɗa ƙasar da waya ta biyu, ACE, a 2015, amma a ranar 14 ga Maris, 2024, wayoyi huɗu, wato SAT-3 da ACE da WACS da MainOne, suka lalace lokaci guda a gaɓar Kwaddibuwa, kuma Benin na cikin ƙasashen da abin ya fi shafa. Haka nan an rufe intanet a ƙasar a ranar zaɓen 'yan majalisa na 28 ga Afrilu, 2019. A irin waɗannan ranaku babu wata dabarar komawa da ke aiki, kuma wanda ya nace sai ya buga wasan hawa matsayi, makinsa kawai yake zubarwa.

Amma yankewar yau da kullum ta fi fitowa daga abubuwan da ke kusa. Idan wutar kamfanin lantarki na SBEE ta ɗauke, na'urar Wi-Fi ta gida ko ta shago tana mutuwa nan take, alhali turken sadarwa, wanda ke da batir ko janareta, yakan ci gaba da aiki, saboda haka wanda ke da data a ajiye zai iya komawa cikin 'yan daƙiƙoƙi. Kiran waya ma babban mai yanke wasa ne, kuma mutane da yawa ba su san dalili ba: a wayar da ba ta iya ɗaukar murya ta hanyar 4G, shigowar kira na sa ta sauka zuwa 3G ko 2G, sannan a yawancin wayoyi masu layi biyu kiran da ya shigo ta layi na biyu yana tsayar da datar layi na farko har sai an gama magana. Waya mai ƙaramar ƙwaƙwalwa kuwa takan rufe wasan da kanta idan mai ita ya leƙa WhatsApp, zafin watannin Maris da Afrilu yana sa ta rage gudu don kada ta lalace, ga kuma mafi sauƙin dalili duka, wanda ya fi ba da haushi, wato ƙarewar data ana tsakiyar karawa.

Abin da ya dace ɗan wasa ya yi idan ya yanke bai da yawa, amma gaggawa ce jigonsa. Zai fara duba ko sabis ne ya tafi ko manhajar ce ta tsaya. Idan sabis ne, kunna alamar jirgin sama a kashe ta yana tilasta wa wayar ta sake neman turke, idan hakan bai yi ba sai a juya zuwa ɗaya layin. Idan manhajar ce, sai a rufe ta gaba ɗaya a sake buɗewa da asusun da aka shiga da shi tun farko, a kuma amsa tayin komawa. Fita daga asusu, ko goge bayanan manhaja, ko ƙoƙarin fara sabuwar karawa, duk suna iya ɓata damar, kuma wanda ke wasa da asusun baƙo, wato wanda ba a ɗaura shi da Google ko Facebook ba, goge bayanai na iya raba shi da asusun baki ɗaya. Komawa ko da an makara ta fi rashin komawa, domin a wasanni da dama hukuncin wanda ya dawo bai kai na wanda bai dawo ba. Sauran kuwa shiri ne tun kafin a fara: a duba caji da ragowar data, a hana manhajoji sabunta kansu, a ɗan gwada wasan da ba na matsayi ba don a ga yadda ping take. Kuma a gari irin Djougou, inda akasarin jama'a Musulmi ne, wanda ya shiga karawar minti 30 ana dab da kiran sallah ya san tun farko cewa ko dai ya bar abokansa a tsakiyar fage ko ya makara a sahu, kuma wannan ba laifin rezo ba ne.

Inda matasa ke shirya gasa a tsakaninsu, a shagon gem ko a ƙofar gida, rigimar da ta fi tasowa ita ce ta wanda ya yanke yana kan gaba ko yana baya, kuma tunda na'ura ba za ta iya ba da shaidar niyyar kowa ba, masu shirya gasar ne ya kamata su yanke hukunci kafin a take wasa. Su faɗi minti nawa za a jira, ko za a sake karawar daga farko ko a ci gaba da ƙwallayen da aka riga aka ci, da kuma sau nawa za a yi wa mutum ɗaya uzuri, kowa ya ji ya amince kafin ya ɗauki wayarsa.