Tushen Yaƙin Basasa a Ƙasar Somaliya

Gabatarwa

Cikin ƙasashen Afirka da suka sami mulkin kai wajen shekarar 1960, kaɗan ne aka kyautata wa zaton zama lafiya kamar Somaliya. Dalili kuwa, akasarin mutanenta harshensu ɗaya, addininsu ɗaya, watau Musulunci bisa mazhabar Imamu Shafi'i, al'adunsu na kiwo da aure da waƙa kuma duk sun yi kama da juna. Wahalar da ta dami sauran ƙasashe, ta tara al'ummai masu harsuna dabam dabam ƙarƙashin tuta guda, su ba ta dame su ba. Duk da haka a watan Janairu na 1991 gwamnatin ƙasar ta rushe ƙurmus, ba a sake samun wadda ba ta riƙon ƙwarya ba sai a 2012.

An saba cewa ƙabilanci ne ya jawo wannan masifa. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, amma ba ta ƙosar ba, gama Somalawa sun yi ɗaruruwan shekaru a rarrabe zuriya zuriya, suna faɗa suna sulhu, ƙasarsu ba ta watse ba. Abin tambaya shi ne, me ya sa sulhun ya daina ci? Wannan takarda za ta bi sawun al'amarin daga zamanin makiyaya har zuwa faɗuwar Muhammad Siyad Barre.

Zuriya da Diyya

Da fari ya kamata a yi hattara da kalmar "ƙabila". A Hausa idan an ce ƙabila, hankali yakan tafi ga mutane masu wani harshe dabam. A wurin Somalawa kuwa abin da ake nufi shi ne zuriyar kaka guda ta wajen uba, saboda haka "zuriya" za a riƙa cewa a nan. Manyan zuriyoyin makiyaya huɗu ne, Darod da Hawiye da Isak da Dir. Sa'an nan akwai Digil da Mirifle, waɗanda galibinsu manoma ne a tsakanin kogin Juba da kogin Shabelle. Kowace ta kasu rassa rassa, yaro kuwa tun yana ƙarami ake koya masa jerin sunayen kakanninsa, har ashirin ko fiye, domin da wannan jeri ne yake sanin wanda zai tsaya masa ran wuya.

Makiyayan nan galibi ba su da sarauta mai ƙarfi irin ta ƙasar Hausa. Babu hakimi, babu dogari, babu kurkuku. Abin da ya riƙe su shi ne wata yarjejeniya ta gargajiya da suke kira heer, wadda dattawa ke ƙullawa a taron da ake yi gindin itace, inda kowane magidanci yake da bakin magana. Ginshiƙinta diyya ce. Idan aka kashe namiji akan biya raƙuma 100, mace kuwa 50, kuma dangin wanda ya yi kisan ne suke haɗuwa su biya, kamar yadda aka sani a babin aƙila cikin fiƙihu. Masanin nan na Ingila, I. M. Lewis, ya bayyana wannan tsari cikin littafin da ya wallafa a 1961, ya nuna cewa ƙungiyar masu biyan diyya tare takan kama daga maza ɗari kaɗan zuwa dubu kaɗan.

Hikimar abin a fili take. Tun da barnar mutum guda tana cin dukiyar danginsa duka, su da kansu suke tsawata wa mai zafin kai a cikinsu. Akan yi faɗa a kan rijiya da makiyaya da satar raƙuma, amma faɗan yana da iyaka, yana da farashi sananne, akwai kuma dattawa da malamai masu shiga tsakani. Raunin tsarin shi ne, ya dogara ga ƙarfin zuriyoyi ya zama kusan daidai. In ɗaya ta sami makamin da sauran ba su da shi, to, babu mai tilasta mata biya.

Rabon da Baƙi Suka Yi

A ƙarshen ƙarni na 19 aka yanka ƙasar Somalawa kashi biyar. Ingilishi suka ƙulla alkawari da dattawan gaɓar arewa tsakanin 1884 da 1886, babban nufinsu kuwa su sami naman da za su ciyar da sansaninsu na Adan. Faransa ta kama Jibuti. Italiya ta fara shiga a 1889, daga baya ta mallaki kudu har da Mogadishu. Sarkin Habasha Menelik ya ci Harar a 1887, ya miƙa ikonsa cikin Ogaden, Ingilishi kuma suka amince masa da iyaka a yarjejeniyar 1897. Kashi na biyar ya faɗa cikin arewacin Kenya. Iyakokin nan sun ratsa ta tsakiyar makiyaya, har ya zama zuriya guda rijiyoyinta na rani suna hannun wata gwamnati, ciyawarta ta damina tana hannun wata.

Wanda ya fi shahara wajen ƙin wannan rabo shi ne Sayyid Muhammad Abdullahi Hasan, malamin ɗariƙar Salihiyya kuma gwanin waƙa, wanda ya yi ta yaƙi da Ingilishi da Habasha da Italiya daga 1899 har 1920, sa'ad da jiragen sama suka yi wa garunsa na Taleh ruwan bom. Abin lura a nan shi ne dabarar da Ingilishi suka yi a 1910. Da yaƙin ya gundure su, sai suka raba wa zuriyoyin da ke goyon bayansu bindigogi, suka janye zuwa bakin teku. Zuriyoyin nan maimakon su fuskanci Sayyid sai suka auka wa juna, aka yi asarar rayuka da dukiya mai yawa, yunwa ta biyo baya. Wannan ya nuna tun da wuri abin da bindigar gwamnati take yi idan ta shiga hannun zuriya.

Jamhuriya ta Farko

Arewa ta sami mulkin kai daga Ingila ran 26 ga Yuni 1960, kudu kuma daga riƙon amanar Italiya ran 1 ga Yuli, a ranar suka haɗe. An yi haɗin cikin gaggawa. Ɓangarorin biyu sun gaji dokoki dabam, harshen ofis dabam, albashi dabam, sa'an nan babban birni da shugaban ƙasa da firayim minista duk suka faɗa kudu. A ƙuri'ar tsarin mulki ta 1961 yawancin masu zaɓe a arewa suka ƙi amincewa, a watan Disamba kuma wasu matasan hafsoshi na arewa suka yi yunƙurin tawaye, bai yi nasara ba.

Tauraron da ke kan tutar ƙasar yana da tsini biyar, kowane tsini yana nufin ɗaya daga kashin nan biyar. Burin haɗa su ya sa sabuwar ƙasa ta yi rigima da Kenya daga 1963 zuwa 1967, ta gwabza da Habasha a 1964, ta kuma karɓi taimakon Tarayyar Sobiyet tun 1963 don gina rundunar da ta fi ƙarfin arzikinta.

A cikin gida kuwa wani sabon abu ya ɓullo. A da dukiya tana warwatse cikin garkunan raƙuma. Yanzu sai ga ta a tattare wuri guda, watau baitulmalin gwamnati, inda aikin ofis da kwangila da taimakon ƙasashen waje suke fitowa. Kowace zuriya ta ga lalle ta sami nata mutum a kusa da tukunya. A zaɓen 1969 jam'iyyu fiye da 60 suka tsaya neman kujeru 123, yawancinsu jam'iyyun reshen zuriya guda ne, da aka gama kuwa kusan duk 'yan hamayya suka sheƙa jam'iyyar gwamnati. Ran 15 ga Oktoba na wannan shekara aka harbe shugaban ƙasa Abdirashid Ali Sharmarke a Las Anod, ran 21 ga wata soja suka karɓi mulki.

Mulkin Siyad Barre

Janar Siyad Barre ya fara da ayyukan da jama'a suka yaba. A 1972 aka tsai da rubuta harshen Somali da haruffan boko, aka tura ɗalibai ƙauyuka yaƙi da jahilci. Ya kuma shelanta gurguzu, ya sa aka yi gumakan ƙabilanci aka ƙone aka binne a bainar jama'a. Aka haramta biyan diyya, aka mai da dattawan zuriya ma'aikatan gwamnati, aka hana mutum ya tambayi wani asalinsa. A Janairu 1975 aka kashe malamai goma saboda sun soki sabuwar dokar iyali da ta taɓa rabon gado. Ta haka aka raunana dattawa da malamai, su ne kuwa masu sulhun da.

Amma shi kansa da zuriya ya riƙe mulki. Ya jingina da rassa uku na Darod, watau Marehan danginsa, da Ogaden dangin mahaifiyarsa, da Dulbahante dangin surukinsa wanda ya shugabanci 'yan sandan ciki. Ashe ke nan an rushe abin da ke hana zuriya ɓarna, an bar zuriyar kanta da rai, har an ɗora wasu rassanta bisa tankokin gwamnati.

Yaƙin Ogaden da Abin da Ya Biyo Baya

A Yuli 1977 sojan Somaliya suka kutsa Ogaden, suka mamaye kusan dukkanta. Sai Sobiyet ta juya ta koma bayan Habasha, ta kawo makamai da dubban sojan Kyuba, kafin ƙarshen Maris 1978 an kori Somalawa. Burin da ya haɗa kan jama'a ya mutu, aka shiga neman wanda za a ɗora wa laifi. A Afrilu wasu hafsoshi, galibinsu 'yan Majerten, suka yi yunƙurin juyin mulki. Aka kashe 17 daga cikinsu, wasu suka tsere Habasha suka kafa ƙungiyar da aka sani da SSDF ƙarƙashin Abdullahi Yusuf. Gwamnati ta huce a kan danginsu na lardin Mudug, ta farfasa matattaran ruwansu, ta hallaka dabbobi. Watau ta ɗauki ƙa'idar nan ta cewa laifin mutum na danginsa ne, ta yar da diyya da sulhun da ke tafiya tare da ita.

Haka aka yi wa Isak a arewa. Dubban ɗaruruwan 'yan gudun hijira daga Ogaden aka zaunar da yawansu a ƙasarsu, aka ba wasu makamai, aka kuma takura wa fataucin dabbobi ta Berbera. A 1981 'yan Isak suka kafa SNM a London. Da Siyad Barre da Mengistu na Habasha suka yi sulhu a Afrilu 1988, kowa ya yi alkawarin daina taimakon 'yan tawayen ɗan'uwansa, sai SNM ta ga ba ta da mafaka, ta faɗa wa Burao da Hargesa a watan Mayu. Gwamnati ta rushe Hargesa da igwa da jiragen sama, dubun dubatar mutane suka mutu, dubban ɗaruruwa suka gudu Habasha. A lokacin Amurka ce ke taimakon gwamnatin, tun da ta sami izinin amfani da Berbera a 1980. Makaman da manyan ƙasashen nan biyu suka jibge bi da bi su ne suka watsu hannun jama'a. Sai bango ya tsage ƙadangare ke shiga, amma wanda ya shiga nan da kaya ya zo.

A 1989 Hawiye suka kafa USC, sojan Ogaden ma suka yi tawaye. Siyad Barre ya gudu daga Mogadishu a ƙarshen Janairu 1991, ya rasu a Legas a Janairu 1995. Tun da kowace ƙungiyar tawaye ta zuriya guda ce, babu wadda ta yarda wata ta gaji baitulmali. A Nuwamba 1991 rassa biyu na Hawiye, mutanen Ali Mahdi da na Janar Aidid, suka kama yaƙi a cikin birnin. Manoman Digil da Mirifle, waɗanda ba su da makamai sosai, su suka fi shan wuya, domin rundunoni sun yi ta bi ta gonakinsu, har yunwar 1992 ta kashe mutane fiye da 200,000, da yawansu a kewayen Baidowa.

Kammalawa

Abin da ya faru a arewa yana ƙarfafa wannan bayani. Bayan ta shelanta ɓallewa da sunan Somaliland ran 18 ga Mayu 1991, ita ma ta ɗanɗana faɗan zuriyoyi. Amma a 1993 dattawa suka zauna a Borama wata da watanni, suka sasanta bisa tafarkin heer, suka naɗa Muhammad Ibrahim Egal shugaba, aka kuma ba dattawan majalisa tasu a cikin tsarin mulki. An sake faɗa daga 1994 zuwa 1996, da irin wannan zama aka kashe shi. A kudu kuwa, inda ganimar ta fi tsoka kuma hannun baƙi ya fi yawa, taron Arta na 2000 ya raba kujeru ne ga manyan zuriyoyi huɗu, ƙananan kuma aka haɗa su aka ba su rabin kaso. Zuriyar da aka binne gunkinta zamanin Siyad Barre ita aka koma wa a duka ɓangarorin biyu. Ga mai nazarin tarihin Somalawa, tambayar da ta fi amfani a kowane zamani ita ce, wa ke riƙe da bindiga, wa kuma ke da ikon sa a biya diyya.