Mai saurare a ɗakin sama: kaɗaicin ɗan leƙen asiri a fim

Shekarar 1984 ce, a Berlin ta Gabas. Wani jami'in Stasi, hukumar leƙen asirin ƙasar, na zaune a ɗakin saman wani bene da na'urar saurare a kunnuwansa. A ƙasansa akwai wani marubucin wasan kwaikwayo da masoyiyarsa, an bi bangon gidansu an dasa wayoyi. Labarin fim ɗin The Lives of Others ke nan, wanda Florian Henckel von Donnersmarck ya shirya a 2006, ya kuma ci lambar Oscar a 2007.

Mai kallo zai ɗauka waɗanda ake saurare ne abin tausayi. Sai ga shi jami'in, Gerd Wiesler, ya fi su. Idan ya tashi aiki, gida yake komawa ya ci abinci shi kaɗai, ba mai ce masa sannu da zuwa. Dariyar da yake ji ta wasu ce, kiɗan piyano ma na wasu ne. Har ya sato littafin waƙoƙin Brecht daga gidan ya kwanta yana karantawa. A hankali ya fara cika rahotanninsa da ƙarya don ya kāre mutumin da aka sa shi ya kayar, abin da ya jawo aka mayar da shi buɗe wasiƙun jama'a.

Stasi ta gaske tana da ma'aikata wajen 91,000 a 1989, ban da masu kai rahoto a ɓoye, cikinsu har da maƙwabta da ma'aurata.

Tun 1974 Francis Ford Coppola ya taɓo wannan ciwo a The Conversation. Gene Hackman ya fito a matsayin gwanin naɗar maganar mutane wanda bai yarda da kowa ba, daga ƙarshe ya farfasa gidansa da hannunsa yana neman na'urar da yake zaton an dasa masa.

Yau ba sai an huda bango ba, wayar na cikin aljihu, kuma bayanan da Edward Snowden ya fallasa a 2013 sun nuna yadda gwamnatoci ke kwasar abin da ke cikinta. Amma akwai ƙaramin Wiesler da ba gwamnati ce ta ɗauke shi aiki ba: ɗan ci-rani a Aljeriya ko Abidjan, tsakar dare, yana duba ƙarfe nawa matarsa a Maradi ta leƙa WhatsApp, alhali kwana uku ke nan bai kira ta ba.