Nala Sunan Swahili Ne? Yadda Ake Tantance Ma'anar Sunan Jariri

A unguwar Talladjé ta birnin Yamai, kamar sauran wuraren da Hausawa da Zabarmawa ke zaune, ranar bakwai ga haihuwa ake raɗa wa jariri sunan yanka. Bayan wannan akwai sunan da ake kiran yaro da shi a gida, wanda yakan zama na rana, kamar Ladi ko Ɗanjuma, ko na alkunya. A wannan gurbi na biyu ne wasu iyaye matasa ke saka sunayen da suka tsinta a wayar hannu, tare da bayanin cewa na Swahili ne, kuma ma'anarsu kaza. Suna abu ne da mutum zai ɗauka har kabari, don haka ya cancanci a bincika kafin a laƙaba shi. Wannan maƙala za ta ɗauki suna guda, wato Nala, ta nuna matakan da ɗalibin harshe zai bi.

Nala ya shahara ne bayan fim ɗin Disney mai suna The Lion King na shekarar 1994, inda aka ba wata zakanya wannan suna. Wasu sunayen fim ɗin kalmomin Swahili ne sahihai: simba zaki ne, rafiki kuma aboki. Daga nan aka ɗauka cewa Nala ma haka yake, har ake cewa ma'anarsa kyauta, ko sarauniya, ko zakanya.

Mataki na farko shi ne duba ƙamus. Swahili harshe ne da aka daɗe ana nazarinsa. Akwai ƙamus ɗin Ludwig Krapf na 1882, da na Frederick Johnson na 1939, da Kamusi ya Kiswahili Sanifu wanda cibiyar nazarin Swahili ta Jami'ar Darussalam ta fitar a 1981. Idan aka bi ma'anonin nan uku, za a ga kyauta ita ce zawadi, sarauniya malkia, zakanya kuma simba jike. Babu wadda ta yi kama da Nala. Hasali ma, a nahawun Swahili siffar nala tana fitowa daga aikatau -la, wato ci, kuma tana nufin "ina ci".

Mataki na biyu shi ne a tambaya ko kalmar ta wani harshen ce daban. A nan ne lamarin Nala ya warware. A harshen Sesotho na kudancin Afirka, nala na nufin yalwa da wadata, kuma ita ce kalma ta uku a kirarin ƙasar Lesotho: Khotso, Pula, Nala, wato zaman lafiya, ruwan sama, wadata. Sesotho da Swahili duk ƴan gidan Bantu ne, amma dangantaka ba ta sa kalmar wannan ta zama ta wancan ba, kamar yadda kalmar Bade ko Angas ba ta zama Hausa don kawai duk harsunan Chadi ne. Ashe sunan yana da kyakkyawar ma'ana a Afirka, sai dai an jingina shi ga harshen da ba nasa ba.

Mataki na uku ya shafi ginin kalma. Akan ce Zuri na nufin kyakkyawa, kuma akwai gaskiya a ciki. Sai dai -zuri saiwar sifa ce da ke karɓar ɗafa-goshi gwargwadon ajin sunan da take siffantawa: mtoto mzuri (yaro kyakkyawa), nyumba nzuri (gida mai kyau), kitabu kizuri (littafi mai kyau). Tana zuwa ba ɗafi tare da wani aji na sunaye, kamar jina zuri (suna mai kyau), amma idan mutum ake siffantawa, mzuri ake cewa. Bahaushe zai gane wannan idan ya tuna fari da fara da farare, sai dai a Hausa jinsi da adadi ne ke sauya siffar.

Mataki na huɗu shi ne asalin kalma, kuma a nan mai jin Hausa yana da rinjaye. Harsunan biyu sun ari kalmomi masu yawa daga Larabci. Sunan Nia shi ne niyya, wadda Swahili ya sauke wa ɗauri. Imani ɗaya ne a harsunan biyu, Rehema ita ce rahama, Baraka kuwa albarka ce, domin Hausa ta haɗiye al- ta Larabci a cikin kalmar, Swahili ya bar ta. Nia da Imani sun bazu a Amurka ta hanyar bikin Kwanzaa, wanda Maulana Karenga ya ƙirƙiro a 1966, yana amfani da kalmomin Swahili bakwai a matsayin ginshiƙansa. Uban da ya zaɓi ɗaya daga cikinsu a Talladjé ya zaɓi kalmar da kakanninsa suka sani, ta dai zagayo ta gaɓar tekun Indiya ne.

Mataki na ƙarshe shi ne tambayar masu harshen. Kasancewar kalma a ƙamus bai nuna ana raɗa ta ga mutane ba. Tukunya kalmar Hausa ce, amma ba a sa wa ɗa ita. Baraka da Zawadi da Rehema sunaye ne da ake ji a Tanzaniya da Kenya, haka nan Juma da Mwajuma da Hamisi, waɗanda asalinsu sunayen rana ne irin Ɗanjuma da Jummai da Ɗanlami.

Duk wanda ya ji an ce suna kaza na Swahili ne, to ya nemi kalmar a ƙamus, ya duba ko ta wani harshe ce, ya lura da siffarta da asalinta, sannan ya tambayi masu harshen. Iyayen da suka riga suka sa wa ƴarsu Nala ba su yi asara ba. Abin da ya rage musu shi ne, ranar da ta girma ta tambaya, su ce mata sunanta na nufin wadata a harshen Sesotho.