YADDA ABOKAN TARAYYA ZA SU RABA RIBA GWARGWADON JARINSU

Gabatarwa

Manomi ɗaya ba kasafai yake iya ɗaukar nauyin kiwon ƙiba ko ajiyar amfanin gona shi kaɗai ba. Saboda haka manoma a ƙananan hukumomin Kwali, Kuje, Abaji, Bwari da Gwagwalada na Babban Birnin Tarayya sukan haɗa jari su yi sana'a tare. Shirin Fadama na Biyu, wanda aka fara a 2004 kuma Abuja na cikinsa, ya ƙarfafa wannan al'ada ta aiki cikin ƙungiya. Sai dai tarayya da yawa takan watse ranar rabo, saboda ba a daidaita a kan kason kowa tun farko ba. Wannan bayani zai nuna maka yadda ake wannan lissafi.

Matakai huɗu

1. Rubuta abin da kowa ya zuba.
2. Raba kowane jari da adadi ɗaya wanda zai shiga cikinsu duka, domin samun kason kowa.
3. Fitar da uwar kuɗi da duk abin da aka kashe daga ciniki. Abin da ya rage shi ne riba.
4. Raba ribar gida-gida bisa jimlar kason, sa'an nan ka ninka da kason kowa.

Misali na farko: jari daban-daban

A ce manoma uku sun sayi raguna a kasuwar dabbobi ta Dei-Dei domin su kiwata su sayar da Babbar Sallah. Na farko ya zuba N200,000, na biyu N300,000, na uku N500,000. Idan ka raba kowane da N100,000, za ka sami kaso 2, da 3, da 5, jimla 10.

Bayan an fitar da uwar kuɗi, wato kuɗin raguna, dusa, harawa, magani da mota, sai riba ta tsaya N240,000. Raba ta gida 10, kowane kaso ya kama N24,000. Na farko zai karɓi N48,000, na biyu N72,000, na uku N120,000. Ka tara ukun: idan ba su ba ka N240,000 daidai ba, akwai kuskure, sai a sake lissafi. Da a ce an raba daidai-wa-daida, N80,000 kowa, da an tauye wa na uku N40,000.

Misali na biyu: bambancin lokaci

Kuɗin da ya yi wata shida yana aiki ba ɗaya yake da wanda ya yi wata huɗu ba. A nan sai ka ninka jarin kowa da yawan watannin da ya yi.

A ce wani ya zuba N300,000 a cinikin doya a Abaji. Bayan wata biyu abokinsa ya shigo da N600,000, aka rufe lissafi a ƙarshen wata na shida. Na farko: 300,000 sau 6, wato 1,800,000. Na biyu: 600,000 sau 4, wato 2,400,000. Raba kowane da 600,000, ka sami kaso 3 da 4, jimla 7. Idan riba N140,000 ce, kowane kaso N20,000 ne. Na farko yana da N60,000, na biyu N80,000. Da an duba jari kaɗai, da na farko ya yi asarar fiye da N13,000 daga haƙƙinsa.

Misali na uku: fili da aiki

Jari ba kuɗi kaɗai ba ne. Idan wani ya ba da gona, wani kuma ƙarfinsa, a ƙiyasta su da kuɗi kafin shuka, bisa farashin haya da na ƙwadago a ƙauyenku. A ce an ƙiyasta hayar gona N100,000, aikin damina N200,000, na uku kuma ya sayi iri, taki da maganin ciyawa na N300,000. Kaso ya zama 1, da 2, da 3, jimla 6. Idan an sami buhu 60 na masara, kowane kaso buhu 10 ne: mai gona 10, mai aiki 20, mai kuɗi 30. Lura cewa a nan amfanin gaba ɗaya aka raba, saboda haka uwar kuɗin kowa tana cikin rabonsa.

Idan aka faɗi

Asara ma gwargwadon jari ake raba ta. Da masu raguna sun faɗi da N100,000, na farko zai ɗauki N20,000, na biyu N30,000, na uku N50,000. Haka mazhabar Malikiyya ta tanada: riba da asara su bi gwargwadon jari. Amma idan ɗaya ne mai kuɗi, ɗayan kuma yake juya su, wannan ƙiradi ne. A nan sukan daidaita a kan wani yanki na riba, kamar rabi ko sulusi. In aka faɗi ba da sakaci ba, mai kuɗi ne zai ɗauki asarar, mai aiki kuma ya yi asarar wahalarsa.

Abubuwan kiyayewa

A rubuta yarjejeniya gaban shaidu kafin a taɓa kuɗi. A ajiye littafin shiga da fitar kuɗi, tare da rasit. Duk wanda ya ɗebi kuɗi kafin rabo, a rubuta a cire daga kasonsa. Idan ɗaya daga cikinku ne ke kula da dabbobi kullum, a yanka masa lada, a sa cikin kuɗin da aka kashe. Idan da bashin banki, a biya shi tukuna kafin a kira saura riba.

Domin ƙarin bayani, tuntuɓi malamin gona na yankinku ko jami'in ƙungiyoyin gama kai na ƙaramar hukumarku.