"Ba Ɗana Ba Ne": To, Wa Zai Ciyar Da Yaron?

Sau da yawa mukan ga irin wannan zama a ikilisiyoyinmu. Aure ya mutu, ko kuwa yarinya ta haihu a gidan iyayenta, dattawa suka kira namijin a kan zancen abinci da kuɗin makaranta, sai ya ce, "Ba ɗana ba ne." Daga nan dangi su shiga duban hanci da kunnen jariri, alhali kama da wane ba ta wane. Ana cikin gardama, yaro yana kwana da yunwa.

Ya kamata mu sani, 'yan'uwa, musun baki kawai ba ya sauke wa mutum wannan nauyi a gaban dokar Nijeriya. Sashi na 165 na Dokar Shaida ta 2011 ya ce yaron da aka haifa cikin aure, ko cikin kwana 280 bayan mutuwar auren muddin uwar ba ta sake aure ba, kotu za ta ɗauke shi ɗan mijin ne. Mai musu shi zai kawo hujja.

Ina hujjar za ta fito? Dokar Haƙƙin Yara ta 2003, wadda jihohi suka yi tasu a kanta, ta ba kotu iko a sashi na 63 ta sa a yi gwajin jini ko na DNA. Wannan gwaji yakan gwada ƙwayoyin halittar yaro da na mutumin, gama kowane ɗa rabi yakan ɗauko daga uwa, rabi daga uba. Takardar haihuwa ma shaida ce. A shekarar 2014 Kotun Ƙoli ta dogara da ita a wata shari'ar gado daga Legas, ta tabbatar wa wata mata ubanta bayan iyalinsa sun yi musunta.

Waɗanda suka yi auren doka kuma, Dokar Shari'o'in Aure ta 1970 ta ba babbar kotu iko ta yanka kuɗin kula da 'ya'ya, tana duban abin hannun iyayen, har yaro ya cika shekara 21. Wanda aka haifa ba cikin aure ba fa? Sashi na 42 na Tsarin Mulkin 1999 ya hana a tauye wa ɗan ƙasa haƙƙi saboda yadda aka haife shi.

Saboda haka muna roƙon fastoci da dattawa da zumuntar mata: in irin wannan ƙara ta zo gabanku, ku fara shirya wanda zai ciyar da yaron daga yau, kafin a shiga zancen wane ne uban. Mai shakka ta gaskiya ya bi hanyar gwaji cikin sirri, ba tonon asiri a bainar jama'a ba. Iyaye mata kuma, ku yi wa 'ya'yanku rajistar haihuwa a ofishin Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa, ku adana takardar da kyau. Yaron bai yi wa kowa laifi ba.