Shirin Yau: Yadda Ake Koya Wa Ɗan Akuya Ko Zomo Tsalle Ba Tare Da Duka Ba

Yau daga Sabon Birni nake muku magana, kuma abin da ya jawo batun, a gidanmu ya faru.

Ran nan na tarar da ɗan ƙanena riƙe da tsumagiya, yana zane wani ɗan jar akuya, wai sai ya tsallake turmi kamar yadda ya gani a TikTok. Dabbar sai kuka take, tana neman wurin ɓuya. Na ce, "Kai yaro, ajiye bulalar nan, ɗebo mini harawa."

Kun san dabba ba ta jin Hausa, amma tana gane abin da ke kawo mata daɗi. Duk aikin da ta yi ta samu lada nan take, za ta sake shi. Wani masanin halayya ɗan Amurka, B.F. Skinner, ya yi bayanin wannan a littafinsa na 1938, bayan gwaje-gwaje da ɓeraye. A ƙasar Sweden kuwa, tun shekarun 1970 ake gasar tsallen zomaye. Duka fa tsoro kawai yake koyarwa, dabbar ta riƙa gudunka.

To ga yadda muka yi. Da farko mun shimfiɗa karan dawa a ƙasa, muka sa harawa a gaban hancinsa, muka ja shi har ya ƙetare. Yana ƙetarewa sai na yi fito sau ɗaya, na ba shi. Nan sirrin yake: fito da lada su zo a daidai lokacin, in ka yi jinkiri ba zai san me aka biya shi ba.

Da ya saba, sai muka ɗora karan bisa duwatsu biyu, tsayin yatsu huɗu. Kar a ɗaure karan, a bar shi ya faɗi in ƙafa ta taɓa. In ya kasa, ba faɗa, a sauke ƙasa a sake. Minti 5 ya isa, da safe ko da yamma, kafin a ba shi abinci, domin ƙosasshe ba ya bin harawa.

Masu zomo, ku yi hattara. Ƙashin bayansa ba shi da ƙwari, yana iya karyewa. Kar a ɗaga shi ta kunne, kar a sa ƙarami tsalle mai tsayi, kuma zafin rana na iya kashe shi. Ɗan ganyen zogale ya ishe shi lada.

Yanzu ɗan akuyar nan da ya ji fito sai ya taho da gudu, yaron kuma ya daina neman tsumagiya. Ni wannan ya fi burge ni a kan tsallen.

Wanda ya gwada, ya faɗa mana yadda ta kaya. Sai mun haɗu a shiri na gaba, ku huta lafiya.